Jigoro Kano, Malamin Makarantar Da Ya Raya Kokawar Japan

Duk wanda ya ji an ce Jigoro Kano zai yi tsammanin wani Bakano ake nufi. To, mutumin ƙasar Japan ne, can gabas mai nisa. Kano sunan gidansu ne, ya zo ɗaya da sunan birninmu kawai, babu wata nasaba. Don kada masu karatu su riƙa ruɗewa, za mu riƙa kiransa Jigoro a cikin wannan labari. Shi ne ya kafa irin kokawar nan da ake kira Judo, wadda yau ake yi a kusan kowace ƙasa ta duniya. Abin da ya sa muka ga ya kamata malamai da ma'aikata su ji labarinsa kuwa shi ne, aikinsa na cin abinci malanta ce. Ya yi shekara ashirin da 'yan kai yana shugabancin kwalejin horon malamai, kuma da idon malanta ya dubi wata tsohuwar sana'ar kakanninsa da ke bakin mutuwa, ya tace ta, ya shigar da ita makaranta, ta rayu.

ZAMANIN DA YA TASO

An haifi Jigoro a shekarar 1860, a wani gari na bakin teku mai suna Mikage, wanda yanzu ya shige cikin birnin Kobe. Gidansu masu hali ne, sana'arsu dafa giyar shinkafa, amma ubansa bai bi ta ba, ya shiga harkar jiragen ruwa da aikin gwamnati. A wancan lokaci Japan tana da Sarki, sai dai fiye da shekara 250 ragamar mulki tana hannun gidan Tokugawa, masu riƙe da sarautar Shogun, watau babban sarkin yaƙi. Ƙarƙashin Shogun akwai manyan hakimai, kowanne da baradensa, waɗanda ake kira samurai. Baradantaka gado ce, kuma alamarta takobi biyu a ƙugu.

Baraden nan suna da fannonin yaƙi iri iri: sara da takobi, da suka da mashi, da harbin baka, da sukuwa. Akwai kuma wani fanni da ake kira jujutsu, watau dabarun gamawa da abokin gaba da hannu in makami ya faɗi, ko wuri ya ƙure ba halin zare takobi. A ciki akwai kayarwa, da murɗe gaɓa, da shaƙewa, da naushi a makasa. Kowane fanni ya rabu gida gida. Kowane gida yana da sunansa, da malaminsa, da asirinsa rubuce cikin naɗaɗɗun takardu, ba a nuna wa kowa su sai almajirin da ya daɗe yana hidima har aka yarda da shi.

A shekarar 1868, Jigoro yana yaro, mulkin Shogun ya faɗi, aka mayar da iko ga Sarki Meiji. Sabuwar gwamnati ta ƙudura niyyar kamo Turawa a ilmi da ƙarfi. A 1873 aka kafa dokar ɗaukar 'ya'yan talakawa soja, ana horonsu da bindiga irin na Turai. A 1876 aka hana barade yawo da takobi. Daga nan kasuwar malaman jujutsu ta mutu. 'Yan boko suka riƙa ganin abin kamar aikin 'yan tauri da marasa tarbiyya. Waɗansu malamai suka koma nuna wasa a dandali don a ba su 'yan kuɗi, waɗansu kuwa suka koma ɗori, da yake wanda ya san yadda ake gocar da gaɓa ya san yadda ake mayar da ita.

NEMAN MALAMI

Uwar Jigoro ta rasu yana da shekara tara, sai ubansa ya kai shi Tokiyo, babban birnin ƙasar. Ya karanta tsofaffin littattafan Sinawa, ya koyi Ingilishi har ya ƙware, har daga baya da Ingilishi ya riƙa rubuta littafinsa na abubuwan yau da kullum. A aji ba a wuce shi. A waje kuwa labari ya sha bamban, don ɗan tsurut ne: ko da ya zama saurayi tsawonsa ƙafa 5 da inci 2 ne, nauyinsa kuwa wajen kilo 41. Manyan yara suka sa shi gaba da cin zali. Da ya ji an ce akwai wata dabara da ƙaramin mutum kan ka da ƙato da ita, sai ya ƙwallafa rai a kanta. Ya roƙi waɗansu abokan ubansa da suka taɓa koyo, suka ƙi koya masa, wai abin ya zama tsohon yayi. Ubansa ma bai so ba da fari.

Da ya shiga Jami'ar Tokiyo a 1877, sai ya kama bin gidajen maɗora ɗaya bayan ɗaya yana tambaya. A ƙarshe aka kwatanta masa wani maɗori mai suna Fukuda Hachinosuke, na gidan Tenjin Shinyo, wanda yake koyarwa a wani ɗan ɗaki mai tabarma goma. Koyarwar Fukuda ba ta da dogon bayani. A ka da kai, ka tashi, a sake ka da kai, har jikinka ya gane. Akwai wani ƙaton almajiri a gidan da ya gagari Jigoro. Sai ya koma ɗakin karatu ya yi ta bincike, har ya tarar da wani kamu a cikin littafin kokawar Turawa, na ɗaukar mutum a kafaɗa a juye shi. Ya zo ya gwada, ƙato ya sha ƙasa. Tun daga nan halinsa ya bayyana: in abu ya gagare shi, sai ya nemi dalilinsa, kuma ba ya ƙyamar ɗaukar dabara ko daga ina ta fito.

A 1879 tsohon Shugaban Amurka, Janar Grant, ya ziyarci Japan, aka shirya nuna masa jujutsu, Jigoro yana cikin waɗanda suka yi wasan. Ba a daɗe ba Fukuda ya rasu, iyalinsa suka danƙa wa Jigoro takardun asirin gidan. Ya koma wurin Iso Masatomo, shi ma na gidan Tenjin Shinyo, shi kuma ya rasu a 1881. Sa'an nan ya tafi wurin Iikubo Tsunetoshi na gidan Kito. A nan ya ga bambancin gidajen nan biyu. Gidan Tenjin Shinyo ya fi ƙarfi wajen dannewa da shaƙewa da naushi, gidan Kito kuwa gwanaye ne wajen kayarwa, don asalin dabarunsu na barade ne masu sanye da sulke. Kowane gida yana riƙe da rabin ilmi, yana ɓoye wa ɗan'uwansa.

TABARMA GOMA SHA BIYU

Jigoro ya gama jami'a a 1881, inda ya karanta ilmin siyasa da na tattalin arziki. A 1882 ya kama aikin koyarwa a Gakushuin, makarantar 'ya'yan sarauta. A wannan shekara, bai cika shekara 22 ba, ya ari wani ɗaki mai tabarma 12 a gidan ibadar mabiya Buda da ake kira Eishoji, ya fara koyarwa da almajirai tara. Ya sa wa wurin suna Kodokan, watau gidan koyar da hanya. Abin da yake koyarwa kuma ya kira shi Judo. Kalmar ju tana nufin sassauci, jutsu tana nufin dabara, do kuwa hanya ce. Ya ajiye kalmar dabara ya ɗauki kalmar hanya da gangan, don a san abin da yake nufi ya wuce iya faɗa. Kuɗin riƙon wurin daga albashinsa suka riƙa fita, da ɗan abin da yake samu na fassarar littattafai, almajirai da yawa kuma a gidansa suke ci suke kwana.

Babban abin da ya gano a waɗannan shekaru shi ne sirrin kayarwa. Mutumin da ya kafa ƙafafunsa biyu daram yana da wuyar kayarwa, sai wanda ya fi shi ƙarfi. Amma in ya turo ka, ka kauce ka ja shi ta inda ya nufa, nauyinsa duk sai ya koma kan yatsun ƙafa. In ya ja ka, ka bi shi da turi, nauyinsa sai ya koma kan dugadugai. A wannan ƙiftawa da bismilla ɗan taɗiya kaɗan ya isa ya kai shi ƙasa. Saboda haka Jigoro ya raba kowace kayarwa kashi uku: a fara karya tsayuwar mutum, sa'an nan a shiga jikinsa, kana a ka da shi. Da wannan ya fara ka da malaminsa Iikubo, wanda a da ba ya ko motsa shi. Iikubo bai yi fushi ba. A 1883 ya ba shi takardar shaidar ƙwarewa ta gidan Kito.

AIKIN MALAMI

Yanzu sai mu dubi yadda ya mayar da dabarar yaƙi ta zama darasi. Da farko ya ware kamu masu haɗari, irin su naushi a makasa, ya hana yin su a gwagwarmaya, sai a tsararren gwaji da ake kira kata, inda kowa ya san abin da ɗan'uwansa zai yi. Sauran kamun kuwa ya bari a yi su da iyakar ƙarfi a gwagwarmayar da ake kira randori. Wanda aka shaƙe ko aka riƙe masa gaɓa sai ya buga hannu, nan take a sake shi. Ta haka almajiri zai yi kokawa ta gaske kullum, gobe kuma ya komo aji da ƙafafunsa. Kafin a koya wa yaro ka da wani kuwa, sai an koya masa faɗuwa tukuna, yadda zai sunkuyar da kai ya buga hannu a tabarma don kada ya ji ciwo.

Na biyu, ya jera darussa daga mai sauƙi zuwa mai wuya. A 1895 aka tsara kayarwa rukuni biyar, a 1920 aka sake gyara su suka zama 40, takwas a kowane rukuni. Na uku, ya kafa matakai, ya aro tsarinsu daga wani wasan dara na Japan da ake kira go. A 1883 ya ba almajiransa biyu, Tomita Tsunejiro da Saigo Shiro, matakin farko na ƙwararru, bayan 'yan shekaru kuma aka fara bambanta ƙwararru da baƙar ɗamara. Duk malamin da ya taɓa riƙe aji ya san amfanin wannan, don yaro ya fi ƙwazo in yana ganin tsanin da yake hawa. Na huɗu, ya buɗe asiri. Ya riƙa yin lacca, yana bayyana dalilin kowane kamu, yana ba almajirai damar tambaya. Manufarsa uku ce: gina jiki, da iya kare kai, da gyaran hali.

Tsofaffin gidaje ba su yi murna ba. Suka riƙa cewa kokawar ɗan boko ce, ta takarda. Aka warware gardama a tabarma. A cikin shekarun 1880 hukumar 'yan sandan Tokiyo ta riƙa shirya karawa tsakanin gidaje, almajiran Kodokan suka yi fice, aka ɗauki waɗansunsu su koyar da 'yan sanda. A 1906 kuma malaman gidaje da dama suka taru a Kiyoto don daidaita kata, Jigoro ne ya shugabanci taron.

Duk wannan fa a bayan aikin ofis yake yinsa. A 1889 ya tafi Turai duba makarantu, ya komo a 1891, aka ba shi shugabancin wata babbar makaranta a Kumamoto. A 1893 aka naɗa shi shugaban Babbar Kwalejin Horon Malamai ta Tokiyo, wadda daga cikinta Jami'ar Tsukuba ta yanzu ta samo asali. Ya bar kujerar ya komo har sau biyu, bai yi sallama da ita ba sai 1920. A tsakani ya riƙe wani babban sashe na Ma'aikatar Ilmi. A kwalejin ya sa ɗalibai Judo da iyo da gudun dogon zango, don ya san duk abin da malami ya koya a kwaleji, shi zai kai ƙauyen da aka tura shi. Ta hannun waɗannan malamai Judo ta bazu cikin ƙasa, har a 1911 gwamnati ta yarda a riƙa koyar da ita, tare da wasan takobi da ake kira Kendo, a makarantun midil. Ya kuma kula da ɗaliban ƙasar Sin: ya karɓi 13 na farko a 1896, a 1902 ya buɗe musu makaranta mai suna Kobun, wadda dubbai suka bi ta cikinta, har da shahararren marubucin nan Lu Shun.

SAURAN FANNONI

Ɗaukakar Judo tana da nata hasara, don almajirai suka yi ta barin tsofaffin gidaje, da yawa suka rufe. Jigoro ya ga haka, bai kuwa ji daɗi ba. Ya adana kata ɗin gidan Kito a cikin darussan Kodokan, ana yin su har yau, kuma a 1928 ya kafa ƙungiyar nazarin tsofaffin fannoni, ya gayyato malaman takobi da na sanda su koyar. A 1922 wani malamin makaranta daga tsibirin Okinawa, Funakoshi Gichin, ya zo Tokiyo nuna faɗan hannu da ƙafa da ake kira Karate. Jigoro ya kira shi Kodokan ya nuna, ya ƙarfafa masa gwiwa, daga baya Karate ta ɗauki tsarin matakai da ɗamara da fararen tufafi irin na Judo. A 1930 ya je ya kalli Ueshiba Morihei, wanda ya kafa Aikido, abin ya burge shi har ya tura almajiransa su koyo. Mata ma bai bar su baya ba, ya buɗe musu sashe a 1926. Bai kuma manta da alheri ba: ya gayyaci jikar malaminsa na farko, Fukuda Keiko, ta shiga a 1935, ta yi ta koyar da Judo har ta rasu a Amurka a 2013 tana da shekara 99.

A 1922 ya taƙaita koyarwarsa cikin ƙa'idoji biyu. Ta farko, mutum ya yi amfani da ƙarfin jikinsa da na hankalinsa ta hanyar da ta fi amfani, kada ya ɓarnatar da shi a fushi ko gardama ko aikin banza. Ta biyu, mutum ya nemi ci gabansa tare da na ɗan'uwansa. Wannan a tabarma ya koye ta, don ba mai iya koyon kayarwa sai ya sami wanda ya yarda ya ba da jikinsa a ka da shi. Hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka.

ƘARSHENSA

A 1909 aka zaɓe shi cikin kwamitin duniya na wasannin Olimfik, shi ne mutumin Asiya na farko da ya shiga. A 1912 ya kai 'yan wasa biyu ƙasar Suwidin, karo na farko ke nan da Japan ta shiga wasannin, ɗayansu kuwa ɗalibin kwalejinsa ne. Duk da haka bai matsa a sa Judo cikin wasannin ba, don yana ganin ta fi ƙarfin wasan neman lamba. A ƙarshen rayuwarsa ma ya sha kokawa da yadda matasa suka fi kula da cin nasara da nuna ƙarfi bisa ga gyaran hali.

Ya yi ta kai da kawowa har a 1936 aka yarda a yi wasannin 1940 a Tokiyo. Amma iska ta riga ta juya. Sojoji sun rinjayi gwamnati, an tilasta Judo da Kendo a makarantun midil tun 1931, ana ta karkata su wajen shirin yaƙi, kuma a 1937 yaƙi ya ɓarke tsakanin Japan da Sin. A 1938, yana da shekara 77, ya tafi taron kwamitin a Alƙahira, ya kare matsayin Tokiyo, aka bar mata wasannin. Ya biyo ta Amurka da Kanada, ya shiga jirgin ruwa mai suna Hikawa Maru zai koma gida. Ciwon huhu ya kama shi a teku, ya rasu ran 4 ga Mayu, 1938, saura kwana biyu jirgin ya isa Yokohama. Bayan wata biyu gwamnatin Japan ta janye daga karɓar wasannin.

Da aka ci Japan da yaƙi a 1945, hukumar sojan mamaya ta hana koyar da fannonin faɗa a makarantu. Judo ce aka fara mayarwa, a 1950, don an iya nuna cewa tun asali a kan tarbiyya da motsa jiki aka gina ta. A 1951 aka kafa ƙungiyar Judo ta duniya, a 1956 aka yi gasar duniya ta farko a Tokiyo. A 1964 Tokiyo ta karɓi wasannin Olimfik, Judo kuma ta shiga ciki. A babbar karawa ta ƙarshe, wadda ba a duba nauyi, wani mutumin Holan mai suna Anton Geesink ya danne gwanin Japan, Kaminaga Akio, a gaban mutanensa. 'Yan ƙasarsa suka taso da gudu za su hau tabarma don murna, sai ya ɗaga hannu ya tsayar da su, don ba a gama gaisuwar rabuwa da abokin karawa ba. Mutanen Japan sun ji zafin kayen, amma sun shaida cewa ladabin ya ƙetare teku tare da kokawar.

To, jama'a, wannan shi ne labarin Jigoro Kano. Ya tarar da gadon kakanninsa a wulaƙance, masu shi suna ɓoyonsa, 'yan boko suna gudunsa. Ya durƙusa gaban tsofaffin malamai uku ya koya har suka amince masa, ya auna abin da ya koya da ma'aunin ilmi, ya ajiye mai cutarwa gefe, ya jera saura aji aji yadda yaro zai iya ɗauka. Duk malamin da ke tunanin abin da zai yi da tsohon ilmin da ya tarar a garin da aka tura shi, yana da abin dubawa a cikin ɗakin nan mai tabarma 12.